Ranar da na fanshi ƙwallon Bukar

Aikina fassara labarai ne a gidan rediyo, don haka da abokina Bukar ya zo daga Birniwa da lambar buɗe wasan ƙwallo na kwamfuta da yayansa ya turo masa daga Turai, ban ga abin da zai gagare ni ba.

Na ce, "Kawo in gwada a kwamfutata, mu ga ko tana aiki."

Ya ce, "Ai kana da wasan, Malam."

"Gwaji ne kawai."

Na shigar da lambar harafi bayan harafi. Gargaɗi ya fito da Turanci, da kalmar "Redeem" a ƙasansa. Na gyara murya kamar zan karanta labaran safe, na fassara masa: "Cewa aka yi in fanshi wasan. Fansa kuwa ai ceto ne." Na danna.

Ashe lambar sau ɗaya take aiki. Ta ƙone a kan wasan da nake da shi tun bara, Bukar ya koma Birniwa hannu rabbana.

Har gobe ina kan bakana: fassarata ba ta da kuskure ko na wasali. Amma duk ranar da na iso majalisarmu ta bakin kasuwar kifi, in Bukar ya shigo gari, shi ne ke fara miƙewa: "Jama'a, a ɓoye wayoyi, ga Mai Fansa nan!"