Injiniya Katafila Ya Shiga Karɓo Mana Haƙƙinmu

In ana lissafin gwarzaye a harkar kwangilar titi, to a miƙe tsaye kafin a ambaci Injiniya Katafila. Babu wanda ya san makarantar da ta ba shi injiniyan, amma wa zai tuhumi mutumin da ke sa farar hular kwano har a gidan biki? Shi ne shugabanmu, mu 'yan kwangilar da ƙaramar hukuma ta sa aiki ta hana kuɗi. Mu muka zaɓe shi, da hankalinmu, babu wanda ya sa mana wuƙa a wuya.

Ofishinmu shi ne dogon bencin da ke ƙofar ma'aji. Gurbina yana can ƙarshe, kusa da kwandon shara, domin titina gajere ne, kuɗina ma ba su taka kara sun karya ba. Amma su ke hana ni barci. Mai tsakuwa ya rantse in wata ya mutu ban biya shi ba zai ɗauke tifata, ita kuwa ke ciyar da gidana.

Katafila ba ya zaman benci. Da kujerarsa yake zuwa a bayan mota, daga kanta yake yi mana jawabi.

"'Yan'uwa! Titunan da na shimfiɗa, in aka jona su, sai an dangana da bakin teku. Ba bara muka zo ba. Ran da na shiga ofishin nan, ko in fito da cek, ko a fito da gawata!"

Mu yi ta tafi har masinja ya leƙo ya ce mu rage. Mu kuwa mu rage.

Da shugaban ƙaramar hukuma ya yarda zai ga mutum ɗaya daga cikinmu, muka yi karo-karo muka ɗinka wa Katafila sabon kwat, don kada a raina mu. Har kuɗin man tifa na zuba. Ya shiga yana huci. Muka kasa kunne muna jiran a fara jifa da kujeru, ba mu ji komai ba sai ƙarar cokali a kofin shayi.

Ya fito yana goge baki. Babu cek, babu gawa.

"Nasara! Hukuma ta san darajar ilimi. An kafa kwamitin tantance ayyuka kafin biya, kuma tunda babu wanda ya kai ni sanin titi, ni ne shugaba. Nawa aikin an riga an tantance."

Wallahi mun yi tafi. Ni na fi kowa, ina ta faɗin naka sai naka.

Da titina aka fara. Katafila ya sauko daga motar hukuma da ma'aikata biyu a bayansa. Na ruga na ce, "Yaya, sannu da zuwa."

"A bakin aiki muke. Ranka ya daɗe ake cewa."

Bai tsaya a farkon titi ba, inda na zuba kwalta mai kauri saboda masu duba aiki. Kai tsaye ya wuce bayan kwana, inda jami'ai ba sa ƙarasawa saboda babu inuwa. Ya kafa dunduniyar takalmi ya murza. Kwalta ta ɗaye kamar ɓawon gyambo, jar ƙasa ta leƙo.

"Subhanallahi! Haka kuke cutar talakawa? Kai kuwa wa ya koya maka wannan ha'inci?"

Raina ya ɓaci har idona ya rufe. Shi ya koya mini, a wannan kwanar, hannunsa a kafaɗata. Amma biro na hannunsa, ni kuwa tifa nake tunani.

"Shaiɗan ne, ranka ya daɗe."

"Allah ya tsine masa!"

Ban taɓa cewa amin da zuciya ɗaya irin ta ranar ba.

Wata ya mutu, mai tsakuwa ya zo ya ja tifa. Ba ta yi zaman banza ba. Katafila ne ke hayarta, domin shi aka bai wa kwangilar gyaran titina.