Ƙasar da Darakta Ya Rantse Ta Mutu

Duk wanda bai san Darakta ba ya yi asarar zuwa duniya. Ya daɗe da barin ofishin filaye, amma muƙamin ya ƙi barinsa. Ko mai wanki ne ya yi kuskuren ce masa "malam", to ranar ya yi wankinsa na ƙarshe a gidan. Allah ya hore masa hangen nesa har ya yi masa yawa, shi ya sa bai cika ganin abin da ke gabansa ba. A bayan idonsa, Tabarau ake ce masa.

Wannan hangen ne ya kai shi gonakin kwari na bayan gari, inda doka ta ce noma kawai za a yi. Wa ya tsara dokar? Shi da kansa, lokacin yana ofis, har da jawabin da ya sa shi kaɗai hawaye. Yanzu kuwa ya sayi yanki mafi girma zai gina rukunin gidaje. Tun ba a sauke bulo ko ɗaya ba aka kafa allo mai tsayin bene, da hotonsa yana nuna sama da yatsa.

Manoman da ginin zai toshe wa hanyar ruwa suka kai ƙara. Darakta ya tausaya musu ƙwarai.

"Bayin Allah da ba su taɓa shiga jirgi ba," in ji shi, "ina za su san yadda ƙasa take daga sama?"

Hanyar samun izini ɗaya ce: a gamsar da kotu cewa ƙasar ta mutu, ba ta ƙara nomuwa. Lauyansa, wanda ɗan ƙanwarsa ne, ya yi ta magiya a mota.

"Kawu, don Allah, kome aka tambaye ka, ka ce ƙasar ta mutu. Kada ka ƙara ko kalma."

"Kai, ni za ka koya wa magana? Ina rubuta wa manya jawabi kana zanen goyo."

A kotu ya cika akwatin shaida da riga da turare. Ya rantse ƙasar ta mutu murus. Ya ƙara da cewa ko akuya ta bi ta wurin ba ta sunkuyar da kai.

Sai lauyar manoma ta miƙe, mace mai sanyin murya, fuskarta cike da jimami.

"Ranka ya daɗe, wallahi na tausaya maka. Ashe matacciyar ƙasa aka sayar maka. Mutum kamarka, da ya ƙare ƙuruciyarsa a ofishin filaye, a ce dillali ya yi maka wayo?"

Wani ya yi 'yar dariya daga baya. Ba ta da ƙarfi, amma Darakta ya ji ta har ƙashinsa. Ɗan ƙanwar ya yi tari, ya sake tari, ya yar da biro da gangan.

"Ni? Ni za a cuta a kan ƙasa? 'Yata, je ki tambaya! Kaf kwarin nan babu yanki mai albarkar nawa. Da hannuna na damƙi ƙasar na sansana. Ko muciya kika soka a wurin sai ta yi ganye!"

Ya juya yana jiran tafi. Manoma kuwa ba su yi masa rowa ba, sai da alƙali ya buga tebur. Alƙalin ya ce kotu ba ta isa ta ja da ƙwararre irin wannan ba.

Izini dai ya sha ruwa. Sannan lauyar ta tuna wa kotu wani sashe na dokar: duk wanda ya bar irin wannan gona ba noma, za a karɓe ta a ba mai nomawa. Darakta ya gane sashen. Shi ya ƙara shi a lokacin, don jawabinsa ya ƙare da armashi.

Bana masara ya shuka. Allon bai cire ba, ya ce ai yana korar masa tsuntsaye. Maƙwabta kuwa sun ce a kan yatsan nan mai nuna sama tsuntsayen suke jeruwa kowace safiya, don babu inda ya fi nan daɗin hangen masarar da ta ƙosa.