Ni da Almakashi a Kan Ragar Ammu Sale

Ba zan taɓa mantawa da yammacin da na hau tsani da almakashi a hannu ba, ina jin kaina kamar wani sarkin yaƙi. Shekarata ta farko ke nan da zuwa Makka karatu, kuma a lokacin Allah Ya jarrabe ni da cutar nan ta "ai na sani".

A unguwar Utaibiyya akwai wani filin ƙwallon kwando da ɗalibai ke yin gasa duk ƙarshen shekara, bayan an gama jarrabawa. Mu 'yan Najeriya da ƙungiyarmu, 'yan Indunusiya da tasu, 'yan Sanagal da tasu, wanda aka ci sau ɗaya ya koma ɗan kallo. Mai kula da gasar wani dattijo ne, Ammu Sale (wato Baffa Sale), haifaffen unguwar Tandabawi, wanda kakansa ya zo hajji a ƙafa daga Sakkwato. Shi ya ƙirƙiro ta tun yana saurayi, kuma har yau ban ga wanda ke kashe rigimar samari da murmushi kawai kamarsa ba.

Ni dogo ne, shi ya sa aka sa ni a ƙungiya (da aka gano tsayin ne kawai, sai aka ajiye ni a benci). Da na rasa abin yi da hannu sai na koma yi da baki. Na kalli gasar jami'o'in Amurka a waya har na haddace, na dinga ba mutane tarihinta: yadda ta fara da ƙungiyoyi 'yan kaɗan ta bunƙasa, yadda ƙaramar makaranta kan kayar da babba, da yadda zakaru ke hawa tsani su yanke raga su tafi da ita. Sau biyu Ammu Sale yana ce mini, "Ya waladi, ɗana, tamu ma tana da tarihi." Sai in ce, "Haka ne, Ammu," in ci gaba da zuba.

Ragar filin kuwa tsohuwa ce, duk zare kala-kala a ɗaɗɗaure. Har tausayin masu gasar nake ji, wai ba su da ta canji.

Ranar wasan ƙarshe, bayan La'asar, muka ci 'yan Sanagal da ƙyar. Ana ta rungume-rungume na zaro almakashin da na kwana biyu ina ɓoyo, na jawo tsanin mai gadi na haye. Ƙwas! Ƙwas! Na yanke rabin ragar, na ɗaga sama ina jiran tafi.

Ko mutum ɗaya bai tafa ba. Na duba ƙasa, ga kyaftin ɗinmu Bashir tsaye da koren zare a hannu, baki buɗe.

"Esh hada? Mene ne haka?" in ji Ammu Sale a hankali. "Ya waladi, me ragar ta yi maka?"

Bashir ne ya faɗa mini, cikin raɗa mai zafi. Marigayiya mahaifiyar Ammu ce ta saƙa ragar da zaren da take saƙa huluna. Duk ƙungiyar da ta ci gasa takan ɗaura zarenta a jiki. Wato tarihin gasar gaba ɗaya ne na datse. Wallahi na so ƙasa ta tsage in shige, ga shi kuma ina saman tsani, kowa na ganina.

Dattijon nan bai zage ni ba, abin da ya fi kashe ni ke nan. Ya karɓi guntun ragar ya shafa, ya ce, "Ma'alesh, ba komai. Wanda ya yanke shi ke ɗinkewa. Gobe ka zo gida."

Mako guda na yi ina zuwa Tandabawi da allura. Kowane zare na taɓa sai ya ba ni labarinsa. Jan nan na shekarar da gajerun 'yan Indunusiya suka kunyata dogaye ne. Baƙin kuma wata ƙungiya ce ta ɗaura don ɗan wasanta da ya rasu ana gobe wasan ƙarshe. Bai rubuta komai ba, amma bai manta da sunan kowa ba. Na ji kunya, na kuma ji ƙaunarsa har raina.

Ɗinkina ya fito a karkace, ƙulli kamar kan kaska. Na roƙe shi ya warware ya gyara.

"La, khalas, shi ke nan, a bar shi," ya ce yana dariya. "Wannan na shekarar da aka kawo mana tarihin Amurka ne."

Haka na shiga tarihin gasar ba tare da na jefa ƙwallo ko ɗaya ba. Tun daga nan, in dattijo ya ce "tamu ma tana da tarihi", nakan rufe bakina, in kuma duba ko akwai almakashi a aljihuna.