Yadda Ɗana Ya Zama Maitoka

Har in koma ga Mahaliccina ba zan manta da safiyar sunan ɗana na fari ba. Abin da na sa a gaba ran nan shi ne laƙabin yaron. Liman zai raɗa masa suna, amma a garinmu Falanko kowa ya san uwa ba ta faɗin sunan ɗan fari saboda kunya, don haka abin da kaka ta laƙaba masa shi ke bin sa har kabari. Wanda aka haifa ana ruwa ya zama Anaruwa, wanda ya zo ranar da aka yi baƙi ya zama Baƙo. Surukata, Inna Gaje, ta riga ta fara kiran nawa Citumu, don lokacin gasa tumu ya zo duniya. Ni kuwa Maihaske nake so.

Lokacin ina fataucin fatu zuwa Damagaram. A can, a kantin wani Bature, akawu ya nuna mini tocila: a taɓa, ta kama, ba mai, ba lagwani. Ya ce wutar cikinta lantarki ake ce mata, wato ƙanwar walƙiya ce aka tsare cikin wasu 'yan gwangwanaye da ya kira pil. Na tambayi abin da take ci, ya ce ba ta cin komai, amma in riƙa kashe ta in ba na bukata. Na yi murmushi kawai. (Na san halin 'yan kasuwa, ni ma shi ne. Na ɗauka so yake ta mutu in dawo in sayi wata.) Wa ke kashe wuta da gangan alhali ba maƙwabcin da zai ɗebo wata a gidansa?

Na ba da fatun awaki na karɓe ta. Na kunna ta, na sa a tukunya, na rufe da toka yadda uwata ke kwantar da garwashi, na ɗaure a bayan raƙumi har gida. A hanya kuwa duk wanda na gamu da shi sai na gayyace shi suna, in ce masa zai ga walƙiya a hannun mutum.

Ranar suna, bayan asuba gari bai gama wayewa ba, ƙofar gida ta cika har da Buzaye da Fulanin da na gayyato. Liman ya ce Muhammadu Nuru, maroƙi ya ɗaga murya, mata suka yi guɗa. Na miƙe na ce a matso, a kira Inna ta leƙo. Na tone toka, na ciro tocila, na ɗaga sama. Ko ƙyalli babu. Na taɓa, na girgiza, shiru. Sai na yi abin da kowa ke yi wa wutar da ta yi sanyi: na mayar da ita cikin tokar, na durƙusa na cika baki da iska na hura cikin tukunyar. Toka ta turnuƙe ni, ta turnuƙe liman, har goron da ke kan faifai. Liman yana tari ya ce, “Malam, ko a ɗebo maka garwashi?”

Inna Gaje ba ta yi mini magana kai tsaye, surukuta ta hana. Daga bayan zana ta ce wa ƙawarta, yadda kowa zai ji, “Ku gaya wa uban yaron mun ga abin da ya zo da shi. Maitoka ya samu suna.”

Daga baya na sayar wa wani Buzu ƙwaryar tocilar yana zuba garin taba, fatuna sun dawo har da riba. Sunan ne ban iya fansowa ba. Yau Nuru yana da furfura da jikoki, amma ka je kasuwar Tanout ka nemi Nuru, ba wanda zai nuna maka rumfarsa. Ni dai tun ran nan, in mai kaya ya gaya mini yadda ake riƙon kayansa, nakan saurara kafin in yi masa wayo.