Babban Yatsan Da Ya Yi Ritaya

Wani ne a Kurugu, ya shekara talatin da biyar yana masinja a wani ofishin gwamnati. Da ya yi ritaya aka ba shi takardar yabo da agogon bango. Alawus ɗinsa na hutu da na zirga-zirga da suka taru kuwa, aka ce ya je gida, za a neme shi. Shekara shida ba wanda ya neme shi, har agogon ya gaji ya tsaya. Gonar gyaɗa ɗaya ce ke riƙe da gidan, shi yake nomanta da hannunsa.

Ana tsakiyar noman farko sai rediyo ya ce tsofaffin ma'aikata su zo tantancewa. Mutumin naka ya yar da fartanya, ya sa rigar sallah, ya hau acaɓa sai Ƙaraye.

Bayan azahar layi ya zo kansa. Wani matashin jami'i, Bahauddeen, ya tura masa 'yar na'ura.

"Baba, ɗora babban yatsanka na dama."

Ya ɗora. Na'ura ta kawo ja. Ya goge a riga ya sake, ja. Ya tofa masa yawu ya sake, ja.

"Baba, wai me kake yi da hannun nan?"

"Noma, Yallaɓai."

"Ai shi ya sa. Zanen ya goge. Na'ura ba ta san ka ba."

"Ni ma ban san ta ba, amma ai ga ni."

"Ganinka ba ya shiga kwamfuta. Je ka hutar da yatsan, ka dawo bayan sati shida."

Shi kuwa tunda yake bai taɓa saɓa umarnin ofis ba. Yana isa gida ya shafe yatsan da man shanu, ya naɗe da tsumma, ya ɗaga shi sama. In an miƙo masa hannu sai ya ba da tsintsiyar hannu. Tuwo sai da cokali. Duk aikin gida ya koma kan hagu.

Matarsa Talatu ta ce, "Malam, ciyawa fa ta rufe gyaɗar nan."

"Bar ta. Kuɗin da ke cikin yatsan nan sun fi gona uku."

Ana haka sai maƙwabcinsa Mu'az, mai shanu, ya yi sallama. Suka gaisa, aka tambayi iyali, aka tambayi damina. Mu'az ya ce, "Na ga bana ka bar gonar ta huta. Ko in sako shanu su rage maka ciyawar?"

"Gyaɗa ce a ciki!"

Mu'az ya juya zai tafi, ya ce, "To, Allah ya bayyana ta."

Sati shida cif ya koma. Ya kwance tsumma a gaban Bahauddeen, yatsa ya fito luƙui kamar na amarya. Ya ɗora. Kore! Har hotonsa na samartaka ya fito, da sumarsa.

"Madalla, Baba. Saura na hagu."

"Na hagu kuma?"

"Sabon fom ne. Biyu ake ɗauka yanzu."

Na hagun da ya sha ɗaukar guga da faskare shi kaɗai. Ja.

Aka sake ba shi sati shida. Ya dawo gida ya naɗe duka biyun. Yanzu Talatu ke ba shi fura a baki, ita ke zura masa hula. Kullum yana zaune a ƙofar gida, yatsu biyu a sama. Masu acaɓa suka riƙa tsayawa suna tambayarsa ina za shi.

Mutane suka cire gyaɗarsu, suka shanya. Talatu ta shiga tasu gonar da kanta, ta wuni tana lalube a cikin ciyawa, ta dawo da abin da bai cika kwano biyu ba. Ta dire a gabansa.

"Ga abincin shekara, Malam."

Abin ya soke shi a zuciya ƙwarai. Ya so ya share ƙwalla, ya tuna da yatsun, ya fasa.

Ranar komawa tun da asuba yana layi. Dama, kore. Hagu, kore. Bahauddeen ya buga hatimi, ya miƙo masa 'yar takarda.

"Barka, Baba. An tantance ka."

"Alhamdu lillahi. Wace taga ce ta karɓar kuɗi?"

"A'a, ba biya muka zo yi ba. Wannan don a san yawanku ne. Za a kafa kwamiti ya duba, bayan wata shida a sake tantancewa. Kai dai ka ci gaba da kula da yatsun nan, kada su taɓa aiki."

Mutumin ya dubi na dama, ya dubi na hagu. Ya ɗora su a kan tebur a hankali.

"To Yallaɓai, ko za ka cire su ka ajiye a fayil? Ni da sauran takwas ɗin za mu je neman abinci."