Yadda Za Ka Ɗebi Yashin Gwaggo Ba Tare da Ka Biya Ta Rabi ba

Ɗan'uwa, in kana da tifa ɗaya da lasisin haƙar yashi, kuma filin bakin kogin na gwaggonka ne, to ka zo wurin gwani. Ka bi matakan nan, na lamunce maka riba ninki biyu kafin damina.

1. Karanta lasisin da idon basira

Takardar ta ce mai fili tana da kasonta a kan kowace tifa. Ta ce tifa, ba ta faɗi tsayinta ba. Garzaya wurin mai walda ya ƙara wa bodin ƙarfe kamu uku, lodi ɗaya ya ɗauke na biyu. Layin da ya hana ramin wuce zurfin mita biyu kuwa, ƙananan baƙi ne, kada ka wahalar da idonka.

2. Kula da gwangwani

Gwaggo ba ta karatu, amma tana zama gindin bishiya da gwangwanin madara, duk tifar da ta wuce ta jefa tsakuwa. Durƙusa ka gaishe ta. Tambayi ƙafarta, tambayi awakinta ɗaya bayan ɗaya, har direba ya sulale ta bayanta. Masana sun tabbatar gaisuwa mai kyau tana ɗaukar tifa biyu.

3. In gefen gonarta ya fara zaftarewa

Ɗora wa kogi laifi. Kogi ba ya zuwa kotu.

4. Ranar sammaci

Riƙe baki, ka ce ba ka taɓa zaton jini zai yi wa jini haka ba. Daga nan ka koma wurin mai walda ya cire ƙarin, a bi sawun da fenti. Ɗauki lauya mai yawan neman a ɗaga zama, ko da kowace ɗagawa tayar tifa guda take ci.

5. A gaban alƙali

Sa tsohuwar riga. Lauyanka zai yi awa guda kan ma'anar kaso, ka riƙa gyaɗa kai kamar kana ganewa. Gwaggo za ta juye gwangwaninta a kan tebur, ka yi dariya a ciki, domin tsakuwar ba ta kai rabin lodin da ka ɗiba ba. Sai alƙali ya tambaye ta nawa take nema.

"Ranka ya daɗe, ni ba kuɗi na zo nema ba," in ji ta. "Ɗan ƙanena ne, na yafe masa. Ramin dai ya wuce abin da aka rubuta, gonata na gangarawa ciki. Ya mayar mini da yashina."

Za a tura mai awo da sandarsa, ya dawo ya ce mita biyar, alƙali ya ce ka cike.

6. Cike ramin

Naka yashin ya zama gidajen mutane, dole ka saya wurin abokin hamayyarka na ƙetaren kogi. Shi ma da tifa yake sayarwa. In ka ga bodin tasa ya gajarce da kamu uku, kada ka yi gardama, mai waldarku ɗaya. Gwaggo na nan gindin bishiya da gwangwaninta tana ƙirga masu shigowa, kuma yanzu ba ta amsa gaisuwa sai mota ta wuce.

Hattara

Marubucin nan ba shi da hannu a duk abin da ya same ka, ko tara, ko soke lasisi, ko gorin dangi. Mai ƙorafi ya same ni a bakin ramin da shebur, tifar tana gidan lauya. Saura mita biyu, in za ka zo ka taho da naka shebur.