Malam Ɗanasabe Ya Kai Ƙarar Injin Niƙa

Duk Malumfashi, kai har Funtuwa, babu mai zurfin tunani kamar Malam Ɗanasabe, malamin awon auduga. Shi da bakinsa ya faɗa, to wa zai musa? Alƙalami uku ne a aljihun rigarsa, ko da yake ɗaya ne ke da tawada. Tun ranar da wani Baturen gona ya ce masa sannu, ya daina cin tuwo da hannu a gaban jama'a, ya koma sa safa ko a tsakiyar bazara. A gaban idonsa Babban Akawu ake ce masa. In ya ba da baya, Na-Ingila.

Shekara huɗu da samun mulkin kai, maƙwabcinsa Shitu ya sayo injin niƙa, ya girke shi jikin katangar malam. Mata suka huta da dutsen niƙa. Masu zuwa jin malam yana karanta jarida da yamma suka zame ɗaya bayan ɗaya, suka koma kallon inji. Wannan ne ya yi wa malam ciwo, amma ya ce ƙarar injin ce ta dame shi.

Ya yi wanka, ya ƙwama tabarau, ya nufi kotun alƙali.

"Allah ya gafarta malam," in ji shi, "ni ba kamar sauran mutane nake ba. Daga azahar zuwa la'asar nakan shiga ɗaki in yi wa ƙasa tunani. Makomar auduga, makomar Arewa, duk a kaina suke. Wannan ƙarfe yana tsinka mini zaren tunani. In ƙasa ta yi asara, kada a ce ban faɗa ba. A ba ni ɗan doka ya tsare mini ƙofa."

Aka kirawo Shitu, ya durƙusa ya ce, "Ni dai hatsi nake niƙawa, Allah ya gafarta malam."

Alƙali ya dubi masu rigimar iyakar gona da ke jira a waje, ya yanke hukunci a gajarce. A kashe inji daga azahar zuwa la'asar har kwana bakwai. Ɗan doka Lawal ya tsaya ƙofar malam, ya hana taro da hayaniya, sannan ya kawo rahoto.

Abin nema ya samu. Malam ya koma gida ta doguwar hanya, ta tsakiyar kasuwa, Lawal na bayansa, shi kuma yana ɗaga wa mutane hannu kamar minista.

Lawal mutum ne mai bin umarni. Tsofaffi biyu da suka rage a majalisar malam, ya kore su, ai taro ne. Manoman Dayi da Gozaki suka ga mai kulki a ƙofar, suka ce ashe asirin cutar da malam ke yi musu a sikelin awo ya tonu.

Azahar ta yi, Shitu ya kashe inji. Unguwa ta yi tsit. Mata suka zauna da ƙwaryar dawa suna jiran la'asar. Malam ya shiga yi wa ƙasa tunani.

Can sai wani gurnani ya taso, kamar motar auduga tana hawan tudu. Tantabaru suka watse. Jariri ya fashe da kuka. Lawal ya ruga shagon Shitu da kulki a hannu, ya dafa inji, ya ji shi da sanyi. Ya bi ƙarar a hankali har gindin tagar malam. Ya leƙa. Babban Akawu ne a miƙe, baki buɗe, safa a ƙafa, yana zuba minshari. Gwano dai ba ya jin warin jikinsa.

Haka aka yi kwana bakwai. Ran rahoto malam ya zo kotu da sabuwar riga, ya ce tun da aka kashe inji tunaninsa ya ninka, a mai da dokar ta dindindin.

Alƙali ya ce, "Lawal, an samu sauƙin ƙara?"

Lawal ya ƙame ya sara. "Allah ya gafarta malam, inji biyu ne a unguwar. Mai ba da gari muka kashe."